ZAKIN DA NA TSINTA A GWANJO

A wannan makon zan ɗan jingine labarin da muke ciki, in yi ratse zuwa wani zance wanda ba ƙagagge ba ne. Masu jiran su ji yadda za ta kaya su yi mani afuwa, mako mai zuwa in Allah Ya kai mu za mu ɗora daga inda muka tsaya. Abin da ya jawo ratsen kuwa wani ɗan zaki ne na ƙarfe, tsawonsa kamar tafin hannuna, wanda ya sa ni tone-tone da tambaye-tambaye kusan wata biyu.

A farkon sanyin nan na shiga kasuwar Ƙofar Wambai neman rigunan sanyi na yara, ni da autana. Gefen mai kayan da muka tsaya wani saurayi ya zazzage buhun kayan wasan yara na gwanjo a kan leda, irin waɗanda ke zuwa cikin dila daga Turai da Amurka: 'yan tsana marasa kai, motoci marasa taya, bindigogin roba da sauran tarkace. Yaron ya tsuguna yana tono, ni kuma ina ciniki, sai idona ya faɗa kan wani abu ruwan ɗorawa a ƙasan tarin. Ban san lokacin da na saki rigar da ke hannuna ba. Na ɗaga shi na ji nauyi, ƙarfe ne ba roba ba, fentin ya goge a hanci da kafaɗa, amma ko cikin duhu aka miƙo mani shi zan gane shi.

"Malam, wannan fa nawa?"

"Hajiya ai wannan karyayye ne, wutsiyar ta tafi, ƙafa ɗaya ma lilo take yi. Ga mota nan mai lafiya ki ɗaukar wa yaro."

"Haɗa mani duka biyun."

Ya dube ni ya dubi zakin, ya ce shi in kawo ɗari biyar. Ban nemi ragi ba, abin da ban taɓa yi ba a kasuwa. Duk wanda ya yi yarinta a ƙarshen shekarun 1980 zuwa farkon na 1990, ya kuma leƙa talabijin, ya riga ya gano inda na dosa. Zakin Voltron ne, wanda ke zama ƙafar hagu.

TSAKAR GIDAN ALHAJI

A layinmu gida ɗaya ne ke da talabijin mai kala, gidan wani Alhaji ɗan kasuwa, Allah Ya saka masa da alheri, domin bai taɓa korar mu ba sai dai ya ce a wanko ƙafa. A lokacin sai wajen ƙarfe huɗu na yamma ake buɗe tasha, saboda haka da an idar da la'asar mun cika tsakar gidan, maza a gaba, mu mata a baya muna leƙe ta kafaɗarsu. NTA ta nuna mana katun iri-iri, amma babu wanda ya kama zuciyarmu kamar Voltron. Matasa biyar, kowa da zakinsa na ƙarfe, ɗaya a cikin dutse mai aman wuta, ɗaya a ƙarƙashin ruwa, ɗaya a daji, ɗaya a hamada, baƙin kuma a gaban fada. In mugun sarki Zarkon da bokanyarsa Haggar suka turo dodo, zakunan su fafata su kasa, sai su haɗe su zama ƙaton mutum guda, ya zaro takobi ya raba dodon biyu. Kullum haka ake ƙarewa, kullum kuma sai mun yi ihu kamar ba mu taɓa gani ba. Ranar da aka ɗauke wuta ana tsakiyar haɗewa kuwa, har kuka wasu ke yi.

Ba ma jin Turanci, don haka Yayana, wanda ya fara sakandare, shi ne tafintanmu. Sai da na girma na gane rabin abin da yake faɗa mana ƙirƙirarsa ce, yana kallon hoto yana ɗinka zance. Shi ne kuma maƙerin unguwa. Da gwangwanin madara da langa-langa da tsohon silifas ya ƙera zakuna biyar, ya raba wa abokansa huɗu, ya riƙe na ɗorawa don shi ma kakkaura ne kamar Hunk mai tuƙa shi. Abu ɗaya ne ya gagare shi, wato haɗa su. Ya ɗaure da robar tayar keke, ya gwada waya, ya gwada ƙusa, da an tsayar sai su wargaje. Har ya bar wasan yara bai daina cewa lallai akwai dabarar da zakuna biyar za su zama mutum ɗaya ba. Yau shekara tara ke nan da rasuwarsa, Allah Ya jiƙansa.

Bai taɓa sani ba, mu ma ba mu sani ba, cewa dabarar tana nan, an ƙera ta tun 1981, tana cikin kwali a kantunan wasu ƙasashe. Bai kuma sani ba cewa saboda abin da ke cikin kwalin nan aka yi katun ɗin tun farko. Mu muna zaton labari muke kallo, ashe talla ne mai tsawon minti ashirin da 'yan kai. Yadda aka yi aka zo nan shi ne tarihin da nake son bayarwa, kuma sai mun fara biyawa ta Amurka.

YADDA TALLA YA GANO ƊAKIN YARA

Kafin akwatin talabijin ya shiga gidajen Amurkawa, yawancin cinikin kayan wasa gab da Kirsimeti ake yin sa, kuma iyaye ake yi wa talla, su zaɓa su kawo wa yaro. Alamar cewa abin zai canza ta bayyana a 1950, lokacin da wani kamfani mai suna Aladdin ya manna hoton Hopalong Cassidy, wani kaboyi da yara ke kallo a talabijin, a jikin akwatin ƙarfen da 'yan makaranta ke zuba abinci. Akwatin dai shi ne na jiya, hoto kawai aka ƙara, amma a shekara guda aka sayar da guda 600,000.

Waɗanda suka yi kasadar da ta juya kasuwar su ne Ruth Handler da mijinta Elliot, masu kamfanin Mattel. A 1955 suka biya dala 500,000, kuɗin da ya kusa kai darajar kamfanin gaba ɗaya, don a riƙa saka tallansu a shirin yara na Disney, Mickey Mouse Club, har tsawon mako 52. Bindigar wasan da suka tallata ta ƙare ƙaf a kantuna kafin Kirsimeti. Daga nan kowa ya gane karatun. Ba sai ka roƙi uba ko mai kanti ba, ka shiga zuciyar yaro kawai, shi zai ƙarasa maka aikin da kuka da naci. Duk uwar da ta taɓa ratsa kasuwa da yaro a hannu ta san kaifin wannan makami.

Sai dai har zuwa lokacin shiri daban, talla daban. An gwada haɗe su a 1969, da tashar ABC ta fara nuna katun mai suna Hot Wheels, sunan ƙananan motocin da Mattel ke sayarwa. Wani kamfani abokin hamayya, Topper, ya kai ƙara gaban FCC, hukumar da ke sa ido kan kafofin watsa labarai a Amurka, cewa wannan talla ne na rabin awa aka sa masa rigar shiri. Hukumar ta karkata ga mai ƙara. Shekara ɗaya kafin nan kuma wata uwa mai suna Peggy Charren da wasu mata 'yan'uwanta a kusa da birnin Boston sun kafa ƙungiyar Action for Children's Television, suna fafutukar cewa ƙaramin yaro ba ya iya bambance labari da talla, don haka yi masa talla a fakaice zalunci ne. Matsin lambarsu ya sa a 1974 FCC ta fitar da ƙa'idojin raba shirin yara da talla. Ƙofar ta zauna a saye kusan shekara goma.

DA AKA ZARE SAKATA

Ronald Reagan ya hau mulki a 1981, ya naɗa Mark Fowler shugaban FCC. Shi Fowler a ganinsa talabijin kayan wuta ne kamar sauran, har ya kwatanta shi da injin gasa burodi mai hoto, saboda haka a bar kasuwa ta yi halinta. A 1984 hukumar ta soke iyakar da aka sa wa yawan talla, amma tun kafin nan 'yan kasuwa sun shinshino inda iska ta dosa.

Mattel na da tsohon miki, domin an taɓa yi masa tayin ƙera kayan wasan fim ɗin Star Wars ya ƙi, kamfanin Kenner ya karɓa ya kwashi dukiya. Don haka ya ƙuduri ƙirƙiro nasa gwarzon wanda ba zai biya kowa kuɗin haƙƙin mallaka a kansa ba. A 1982 aka fito da He-Man, wani ƙaƙƙarfan mutum na roba mai takobi, da abokin gabarsa Skeletor mai fuskar ƙwarangwal. Mai karatu ya lura da tsarin, robar aka fara zubawa, sannan aka nemo mata labari. Alal misali, damisar da He-Man ke hawa ba don shi aka sassaƙa ta ba, tsohon mazubi ne na wasu kayan kamfanin masu suna Big Jim. Da aka ga ta yi masa girma, sai aka shafa mata koren fenti aka ɗora mata sirdi, aka ce ai abin hawansa ce, marubuta kuma su san yadda za su yi da ita. A 1983 aka fara nuna katun ɗin da kamfanin zane na Filmation ya shirya, kullum daga Litinin zuwa Juma'a, har aka yi kashi 130. Don a toshe bakin masu suka, a ƙarshen kowane kashi sai wani cikin taurarin ya fito ya yi wa yara 'yar nasiha.

Abin ya karɓu fiye da zato. Kamfanin Hasbro ya biyo baya da katun ɗin sojojin G.I. Joe a 1983, da Transformers a 1984, motocin nan da ke rikiɗa su zama mutane. Su ma ba sababbi ba ne, kayan wani kamfanin Japan ne mai suna Takara, Hasbro ya sayi izini, ya ba marubutan Marvel aikin raɗa masu suna da ba kowanne hali. Nan Optimus Prime da Megatron suka samo asali.

INDA AKA BINNE CIBIYAR ZAKUNAN

Tunda zance ya kai mu Japan, to a can asalin zakina yake. Japanawa sun riga Amurkawa a wannan hanya, kuma su ba ɓoye-ɓoye, kamfanin kayan wasa shi ke ɗaukar nauyin shirin a fili. A 1972 aka fara nuna Mazinger Z na Go Nagai, ƙaton mutum-mutumin da wani saurayi ke shiga kansa ya tuƙa. A 1974 kamfanin Popy, reshen Bandai, ya fito da ƙaraminsa na zubin ƙarfen tutiya, ya sa wa jerin kayan suna Chogokin, sunan ƙarfen almara da aka ce da shi aka ƙera Mazinger a cikin labarin. Yaro in ya ɗauka ya ji sanyi da nauyi a hannunsa, sai ya ji kamar gutsuren na gaskiyar aka ba shi. Nauyin nan ne na ji a Ƙofar Wambai.

A 1981 kamfanin Toei ya fito da shiri mai kashi 52 mai suna GoLion, "go" kuwa biyar ke nan da Japananci. Cikin waɗanda suka zana zakunan har da Katsushi Murakami, ma'aikacin Popy, wanda aikinsa shi ne tabbatar da cewa abin da aka nuna a allo za a iya ƙera shi a riƙe a hannu. Shi ya sa zakunan suke biyar kowanne da launinsa, shi ya sa kuma ake maimaita haɗewarsu dalla-dalla, a nuna yadda ƙafa ke naɗewa, yadda wannan ke shiga jikin wancan. Wato abin da muke yi wa ihu a gidan Alhaji, koya mana ake yadda ake harhaɗa hajar.

A Japan GoLion bai yi wani tashe ba, sa'arsa ta zo ne ta hanyar kuskure. Wani ƙaramin kamfani a birnin St. Louis na Amurka, World Events Productions na Ted Koplar, ya nemi Toei ya aiko masa da shirin nan mai zaki, yana nufin wani daban mai suna Daltanious, wanda ke da kan zaki a ƙirji. Toei ya aiko da GoLion. Da suka kalla suka ce ai gara wannan. Peter Keefe da abokan aikinsa suka zauna gyara, suka yanke jini da kisa, suka canza sunaye da kiɗa. Matuƙin shuɗin zaki, wanda aka kashe a na Japan, sai aka ce rauni ya ji an kai shi jinya, Gimbiya Allura ta gaji zakinsa. Abin da ya ba ni dariya har da ƙwalla shi ne da na karanta cewa su ma ba su da fassarar Japanancin a hannu, hoto suke kallo suna ɗinka zance. Ashe sana'ar Yayana suka yi, shi kuma ya zo ya ɗora nasa ɗinkin a kan nasu. An fara nuna Voltron a Amurka ranar 10 ga Satumba, 1984, ya zama kan gaba cikin shirye-shiryen yara da ake rarraba wa tashoshi. Kamfanin Matchbox ya shigo da zakunan ƙarfen nan na Popy cikin sabon kwali, yara suka yi masu caa.

Mu kuwa labarin ya iso mana, hajar ba ta iso ba. Shekarun nan su ne na tsuke bakin aljihu, an shigo da SAP a 1986, Naira ta faɗi, uban da ke fama da kuɗin hatsi ina zai ga na zakin ƙarfe daga waje? Sai aka yi talla a inda babu kanti. Da na zauna na yi tunani sai na ga wannan rashin bai zama asara duka ba. Yaron Amurka an ba shi labari, an kuma nuna masa abin da zai saya, zance ya ƙare. Mu da aka ba labari kawai, sai muka nemi gwangwani.

IN KASUWA TA RIƘE ALƘALAMI

A nan ne abin ya taɓa ni a matsayina na marubuciya. Duk wanda ya yi harkar littafi a Kano ya san yadda ɗan kasuwa kan ce a raba labari gida uku, a tsaya daidai inda ran mai karatu zai tashi, ko a ƙaro kishiya don irin wannan ke tafiya. Na yi, ba sau ɗaya ba, don haka ba zan yi wa kowa gori ba. Amma abin da Hasbro ya yi a 1986 ya wuce nan. Kamfanin yana son kwashe tsofaffin Transformers daga kanti ya zuba sababbi, sai aka yi fim na silima aka karkashe tsofaffin taurarin, har da Optimus Prime kansa, tun fim bai yi nisa ba. A wurin kamfani kwantan haja aka share, a wurin yara kuwa uba ne ya mutu a gabansu. Aka fita da yara daga silima suna kuka, iyaye suka yi ta aika wasiƙun fushi, dole a 1987 aka dawo da shi da rai. Sun ƙera labari don su sayar da roba, ba su ankara ba labarin ya fi robar daraja a zuciyar masu saye.

He-Man kuwa haɗama ce ta kayar da shi. A 1986 cinikinsa a Amurka ya kai dala miliyan 400, aka cika kantuna da kaya fiye da abin da za a iya saye, a 1987 ya faɗo zuwa miliyan 7. Su Peggy Charren kuma ba su gaji ba, sai da aka samu doka a 1990 wadda ta ƙayyade tallan shirin yara, minti 12 a kowace awa a ranakun aiki, 10 da rabi a ƙarshen mako. Yaran dai suka girma, iyaye mata suka tattara kayan suka zuba a shara ko suka bayar sadaka. Ta irin wannan hanyar ce zaki kan faɗa cikin dila ya ƙetaro teku.

GWANJO BIYU

Kalmar gwanjo a Hausa fuska biyu gare ta. Akwai gwanjon tsofaffin kaya da ake zubewa a ƙasa, akwai kuma wanda ake buga ƙararrawa, wanda ya fi tayi ya ɗauka. Kayan wasan nan sun bi ta duka biyun. Yaran 1984 sun zama magidanta masu albashi, suka waiwayo neman abin da aka zubar masu ko wanda aka kasa saya masu. Da aka buɗe kasuwar intanet ta eBay a 1995 sai mai nema da mai ajiya suka haɗu, farashi ya fara hawa.

Ƙa'idar masu tarawa ita ce, abin da aka yi wasa da shi darajarsa ta ragu. Wanda ya fi tsada shi ne wanda ba a taɓa fasa kwalinsa ba, bai lanƙwashe ba, rana ba ta ci launinsa ba. Har kamfanoni ake da su, irin su AFA, waɗanda ake aika wa kaya su duba su ba da maki bisa 100, su rufe shi cikin akwatin roba mai garai-garai wanda ba a sake buɗewa. Ɗan takobi ko 'yar bindigar da ke zuwa da mutum-mutumi, wanda shi yara suka fi saurin ɓatarwa, wani lokaci ya fi mutumin kansa tsada, shi ya sa 'yan jabu suka fi yawa a nan.

Da farko na ce wannan wace irin wauta ce, a sayi abin wasa a hana shi wasa? Sai na tuna jeren Innarmu. Kwalla da samira da tasoshi tun daga ƙasa har rufi, ba a taɓa cin tuwo a cikin ko ɗaya ba, sai gogewa duk Juma'a, wanda ya kuskura ya ƙwarzane ɗaya kuwa ya shiga uku. Ita ma ba kwanon ne ya dame ta ba, ranar aurenta da mutuncin gidansu take ajiyewa. Da zamani ya juya aka kwashe jeren aka sayar wa 'yan gwangwan a kan kilo, yau ko murfi ɗaya ba mu da shi. Tun daga nan na daina yi wa Bature mai kabad cike da He-Man dariya.

Wanda ya kafa tarihin tsada cikin irin waɗannan kaya kuwa labarinsa mai ɗaci ne. A 1978 Mattel ya fito da jiragen wasa na shirin talabijin Battlestar Galactica, masu harba wani ɗan makami na roba. A ƙarshen shekarar wani yaro ɗan shekara huɗu ya harba shi cikin bakinsa, ya shaƙe shi, ya rasu. A daidai lokacin Kenner na shirin aika wa yara Boba Fett, wani mafaraucin mutane na Star Wars wanda aka fara ganinsa a allo cikin wani shirin talabijin na watan Nuwamba 1978, shi ma da roka mai harbuwa a bayansa. Sai kamfanin ya fasa, ya manne rokar, samfuran gwaji kaɗan ne suka tsira a hannun ma'aikata. A watan Mayu 2024 aka sayar da ɗaya a gwanjon Heritage a kan dala 525,000, a watan Agusta kuma aka sayar da wani a gwanjon Goldin a kan dala 1,342,000. Ɗan mutum na roba da tsawonsa bai kai inci huɗu ba! Gidajen tarihi ma ba a bar su a baya ba, domin gidan adana kayan wasa na Strong da ke Rochester a jihar New York ya saka He-Man cikin jerin fitattun kayansa a 2022, Transformers a 2024.

TO NAWA FA?

Na san mai karatu na jiran ya ji ko ɗari biyar ɗina ta haifi miliyan. Ba ta haifa ba. Zaki ɗaya, karyayye, ba kwali, ba 'yan'uwansa huɗu, a wurin masu tarawa ba wani abin a zo a gani ba ne. Da na juya cikinsa kuma sai na ga an rubuta Taiwan. A ƙarshen 1986 hukumar kula da lafiyar kayan masarufi ta Amurka da Matchbox sun sanar da janye zakunan Voltron da aka ƙera a Taiwan, saboda fentinsu na ɗauke da dalma fiye da ƙima. A Taiwan ɗin dai aka yi ta ƙera wani kwaikwayon mai suna Lionbot. Ko wanne ne nawa daga ciki, mu da muka ga abin da gubar dalma ta yi wa yara a ƙauyukan Zamfara a 2010 ba ma buƙatar dogon bayani. Wannan kuma jan kunne ne ga 'yan'uwana iyaye mata masu tsinto wa yara kayan wasa a gwanjo: tsohon abu mai fenti, musamman na ƙarfe, kada a bar wa yaron da ke kai komai baki.

Autana bai ji daɗin hukuncin ba.

"Umma, ai ni kika saya wa."

"A'a, motar ce taka. Wannan na Kawunka ne."

"Kawu da ya rasu? To me zai yi da shi?"

Na rasa amsar da zan ba shi, sai na zaunar da shi na buɗe masa Voltron a waya. Ya kalli minti biyar ya ce zanen ya tsufa, ya tashi abinsa. Amma bayan kwana biyu na tarar da shi a bayan ɗaki da ɗan maƙwabta, sun tara gwangwanin madara suna gardamar wanda zai zama kai.

Zakin yana nan cikin kabad ɗina tsakanin kofunan tangaran. Duk lokacin da na dube shi, waɗancan biyar na gwangwani nake tunawa, waɗanda ko hotonsu ba a ɗauka ba. Na kamfani, wanda aka zuba dubbai a mazubi ɗaya, ya sami gidan tarihi da masu ba shi maki. Wanda yaro ya ƙera da hannunsa, guda ɗaya tak a duniya, mu muka share shi da tsintsiya. Haka muka yi da motar kara da ta langa-langa, haka muka yi da jeren iyayenmu, ni kaina yau ba ni da kwafi ko ɗaya na littafina na farko. Wanda duk yake da irin waɗannan a ƙasan gado ko cikin tsohuwar adaka, don Allah ya dakata kafin ya kira ɗan gwangwan. Ko ba zai ajiye ba, ya ɗauki hoto, ya rubuta sunan wanda ya ƙera da shekarar da aka yi.

Allah Ya jiƙan magabatanmu, Ya raya mana zuriya. Sai mun haɗu mako mai zuwa a ci gaban labarinmu. Wassalam.